Daddawar Hajja da Jirgin Matariyya

Tun da na dawo daga Masar karo na biyu, matan ajinmu na Islamiyya ba su bar ni na huta ba. Da an tashi karatu sai wata ta jawo tabarmarta kusa da tawa: "Inna Habi, wai kin ga dalar Fir'auna? Wai da gaske kogin nasu ya fi Gagare faɗi?" In na fara ba da labari kuma sai a katse ni da wata tambayar. Shi ya sa na ce bari in zauna in rubuta, tunda Allah ya sa na shiga yaƙi da jahilci da girmana, hannuna ya iya riƙe biro ko da a hankali ne. Mai jiran labarin dala ta yi haƙuri, daga cikin mota na hango ta. Ni labarina na wani tsohon jirgi ne, da wata tsohuwa, da gwangwanin daddawa.

Kun san ni 'yar Ƙaura ce, a bayan tasha aka haife ni. Mahaifina, Allah ya jiƙansa, leburan reluwe ne. Aikinsa bin dogo da ƙafa, guduma a kafaɗa, yana ƙwanƙwasa ƙarfe yana saurare. A garinmu jirgi ya yi shekara da shekaru bai zo ba, amma dogo yana nan inda yake, awaki na kwanciya a kai. Har yau in baƙo ya tambayi gidanmu cewa ake yi, "Bi dogo, ka wuce tanki, ƙofar hagu." Ku riƙe wannan, za ku ga amfaninsa a gaba.

Tafiyata ta farko a shekarar dubu biyu da goma sha biyu ce. Autata Rukayya tana can Alƙahira da mijinta, wanda yake karatun addini a wata jami'a. Haihuwarta ta fari ta matso, ba halin ta zo wankan gida, sai aka ce ni in je.

Daga Ƙaura muka yi Gusau, daga Gusau muka kama hanyar Kano. Ba mu kai Tsafe ba taya ta fashe, muka zauna a gindin wani maɗaci muna cin rake har direba ya gama faɗa da yaron motarsa. A Kano na sauka gidan ƙanwar marigayi maigidana. Ita ta taya ni ɗaure kaya: garin kunu, kanwa, yajin jego, kuka, da busasshen ganyen darbejiya na wanka, don an ce mini can ba a samu.

A jirgin sama Allah ya haɗa ni kujera da wata 'yar kasuwa, Hajiya Ladi, mai zuwa saro abaya. Ita ta ɗaura mini bel, ita ta ce in riƙa haɗiyar yawu in kunnena ya toshe, ita kuma ta cinye abincina da na kasa ci. Da muka sauka na ga wata matakala mai tafiya da kanta. Na tsaya na dube ta da kyau, na ce wa Hajiya Ladi ta je, ni zan bi wadda take tsaye.

Wurin masu binciken kaya wani saurayi mai fararen kaki ya zaro dunƙulen kanwa daga jakata. Ya juya ta, ya shinshina, ya kira ɗan'uwansa. Ba na jin Larabcinsu, nawa na sallah ne kawai. Da na ga abin zai yi tsawo sai na gutsuri kaɗan na sa a baki. Shi ma ya kwaikwaye ni ya lasa. Fuskarsa ta yamutse kamar ta jinjirin da aka ɗura wa magani. Ya tura mini jakar yana cewa, "Khalas, khalas, yalla ya Hajja!" Kalmomin da na fara koya ke nan a ƙasar: an gama, a wuce.

Su Rukayya suna zaune a wata unguwa da ake kira Hayyin Ashir, mai cike da 'yan Sudan da sauran baƙaƙen fata. Gidan a can saman bene yake, ɗaki ɗaya da falo. Ba tsakar gida, ba zaure, ba inda mutum zai shimfiɗa tabarma ya ga sama. In mace tana son tumatir sai ta zuro kwando da igiya ta taga, mai kaya ya sa mata, ta ja.

Na iso da kwana kaɗan Rukayya ta sauka lafiya, namiji. Nan fa aikin ya tashi. Ba itace, ba garwa, sai gas a babbar tukunya, mai sayarwa yana yawo a layi yana dukanta da ƙarfe. A kansa nake tafasa ruwan wanka safe da yamma a wani ɗan banɗaki da bai fi akurki ba. Ran nan matar da take ƙasa da mu ta hauro tana ta faɗa da nuna sama, ashe ruwanmu ne yake ɗiga mata. Da ta ga jinjiri sai faɗan ya koma guɗa. Ta je ta dawo da wani kunu mai kauri da man shanu, wai shi masu jego suke sha a wurinsu. Ranar suna ma ita ta zo da rariya ta kwantar da yaron a ciki, tana buga ɗan turmin tagulla kusa da kunnensa tana faɗa masa ya bi maganar uwarsa. Ni dai ina ta addu'a kar kunnen ya toshe.

Abincinsu ba laifi. Wake da gurasa ne karin kumallo, mai kuɗi da talaka. Lalo kuwa suna ji da shi fiye da mu, sai dai tafarnuwa ta yi yawa. Akwai wani kuma da suke haɗa shinkafa da taliya da ƙananan wake a kwano ɗaya, kamar ragowar tukwane uku.

Abin da ya fi damuna ba abinci ba ne. Kun dai san tsakanin mace da surukinta. Malam, mijin Rukayya, yaro ne mai kunya, ni ma haka. Ya bar mana ɗaki ya koma falo. Amma in ya dawo daga makaranta kafin azahar ya baje littattafansa, ni ba ni da wurin zama. Ba na iya cin abinci yana ji, ko tari sai na danne. Shi ma na lura ruwa ba ya sha in ina wucewa. Rukayya da jinjiri suna barci, ni ina zaune a bakin gado ina kallon bango. In na leƙa taga, ga mutane kamar ranar idi, suna ta doguwar gaisuwa a junansu, amma ba da ni ba. Ban taɓa sanin mutum zai yi kewar a ce masa "ina gajiya" ba sai a garin nan.

Wata rana ina shanya a taga na ji ƙararrawa da kukan ƙarfe a kan ƙarfe. Jikina ya san wannan kukan tun ina goye. Na miƙa wuya, sai ga shi can a babban titi yana tafe a hankali: jirgin ƙasa ne, amma ba hayaƙi, ba kan jirgi daban, 'yan taragu ne da fentinsu ya koɗe, da wani ƙarfe a sama kamar hannu yana riƙe da wayar lantarki.

Na ce, "Rukayya, mene ne wancan?"

Ta ce, "Turmai ne, Inna. Tsohon abu ne. Ba mai hawansa sai wanda ba ya sauri."

Na ce, "To ai ni ce."

Ƙananan motocin hayarsu tsoro suke ba ni, yaran mota suna kiran sunayen da ban sani ba, direba ya karya duk kwanar da ya ga dama. Jirgi kuwa ba ya barin dogo. Duk inda ya kai ka, in ka zauna zai dawo da kai. Daga ranar, in na gama wankan safe na dama kunu, Malam ya shigo, sai in ɗauki hijabina in sauka. Wani lokaci jiran ya fi tafiyar tsawo. Ban damu ba. In hau taragon mata, in zauna a taga, in je ƙarshen layi, in dawo kafin wankan yamma. Ba mai yi mini magana, amma aƙalla ina iya tari.

A cikin jirgin nan ne ran nan direba ya taka birki, gwiwata ta bugi kujera. Na ce, "Wash, gwiwata!"

Sai na ji an ce, "Sannu."

Na zaci kunnena ne. Na juya, ga wata tsohuwa baƙa, siririya, ta naɗe da lafaya irin ta 'yan Sudan. Ta sake cewa "Sannu," a hankali, kamar mai ɗanɗana abin da ta daɗe ba ta ci ba.

Na ce, "Yauwa, Hajja. Ke Bahaushiya ce?"

Ta ce, "Da dai. Ke daga ina?"

"Daga Ƙauran Namoda."

"Ban san ta ba. Kusa da Haɗeja ne?"

"Da nisa, Hajja."

Ta ce, "Ma'alish, ba komai, duk gida ne. Matso nan, 'yata, kunnen nan ya mutu."

Sunanta Hajja Zainabu. Ubanta mutumin Haɗeja ne, ya taso aikin hajji da ƙafa, guzuri ya ƙare a Sudan, ya zauna a Mai Wurno, a can aka haife ta. Ba ta taɓa ganin Haɗeja ba. Wani mutumin Halfa, can arewacin Sudan, ya aure ta ya kawo ta Alƙahira tana yarinya, shi kuwa aikinsa yankan tikiti a wannan jirgin, kumsari suke ce masa. Ya rasu da daɗewa. 'Yarta ɗaya, Su'ad, tana aure a wata unguwa mai nisa, kuma ba ta jin Hausa ko kaɗan.

Na ce, "Yanzu ina za ki?"

Ta yi dariya, haƙoranta biyu suka fito. "Inda za ki. Na ga kwana da kwanaki kina zuwa kina komawa, ba kaya ba ɗan rakiya. Na ce wannan irina ce."

Daga nan muka zama abokan tafiya. Ita ta ba ni tarihin jirgin, tana nuna mini ta taga da yatsa. Ta ce ya haura shekara ɗari. Wani Bature ne ɗan Beljiyam ya sayi fili a cikin hamada, inda ko kare ba ya kwana, ya fara shimfiɗa dogo da waya kafin ya gina gidaje. Mutane suna dariya, wai jirgi zai kai yashi ziyara. Sai gari ya tashi a bakin dogon, shi ne Masarul Jadida. Daga baya layin ya yi rassa, ya haɗa Abbasiyya da Almaza da Matariyya.

Ta ce, "Duk nan da kike gani gini ya haɗe, da can garuruwa ne daban-daban. Nan gonaki ne, wallahi, na sha ganin raƙumi yana tsere da mu. Can kuma yashi, in iska ta taso sai leburori sun share dogo jirgi yake wucewa."

Na ce mata ubana ma ɗan dogo ne. Ta kama hannuna ta matse.

Ta ce a zamanin mijinta akwai taragon manya mai kujerun fata, ma'aikata suna saita agogonsu da zuwan jirgi. Shi kuma yana sa kaki gugagge, da akwatin tikiti na katako a wuya, da ɗan ƙaho da yake busawa direba ya tashi. "In jirginsa zai wuce kwanar gidanmu sai ya busa sau biyu, ni kuma in ɗora shayi. Yanzu dubi, taga ba gilas, an ce har wayar ɓarayi suke yanka tun hargitsin juyin juya halin bara. Mun tsufa tare, ni da shi."

Ta kai ni gidanta a Matariyya. Hanyar ba wuya: akwai wata kwana da ƙafafun jirgi suke kuka sosai, da an wuce ta sai a sauka wurin mai ruwan rake, a koma baya kaɗan a bakin dogo har wata bishiyar turare, lungun da yake kallonta, koriyar ƙofa. Ɗaki ne ƙarami, ita kaɗai. Na sha zuwa. Ta dafa shayi, in tsefe mata kai, mu yi ta hira. Hausarta irin ta kakanninmu ce, da Larabci a tsakani kamar tsakuwa a shinkafa.

Da Rukayya ta yi arba'in na je yi mata sallama. Na ce me zan aiko mata daga gida. Ta ce, "Daddawa. Ta kalwa. Tun da na baro Mai Wurno ban ƙara jin ƙanshinta ba. Kar ki aiko, ke za ki kawo, ki yi mini miyar da hannunki."

Na ce, "In Allah ya dawo da ni, Hajja, na yi alkawari."

Da na koma gida ina ba Rukayya labari sai ta ce, "Inna, kin karɓi lambar waya kuwa? Ko sunan layinsu?"

Na ce, "Me zan yi da lamba, ga dogo?"

Allah ya dawo da ni a farkon shekarar dubu biyu da goma sha biyar, haihuwa ta biyu. Daddawar da kaina na yi ta. Na dafa kalwa, na surfa, na rufe ta ruɓa, na daka na shanya, na cusa a gwangwanin madara na naɗe da leda. Duk da haka da mai binciken kaya ya buɗe murfin sai da ya ja da baya yana toshe hanci. Bai ko tambaya ba, hannu kawai yake kaɗa mini in tafi.

Na tarar da sanyi mai shiga ƙashi. Washegari da hantsi na sa gwangwanin a jaka na sauka babban titi. Na duba dama, na duba hagu. Ba dogo. Ba waya, ba turaku. Kwalta ce baƙa shimfiɗe, manyan bas suna gudu a inda nake zama jira. Na ce ko titin na ɓata, na zaga na dawo. Shi ne dai, ga masallacin, ga mai gurasa. Na daɗe tsaye da jaka a hannu kafin na hau sama.

Rukayya ta ce, "Wayyo Inna, na manta ban faɗa miki ba. Tun bara suka kwashe shi, wai yana tare hanya."

Na ce, "Jirgin suka kwashe ko dogon?"

"Duka."

Na tura gwangwanin ƙarƙashin gado. Ni a sanina jirgi yakan mutu, amma dogo ba ya tashi.

Wannan karon aiki aka yi wa Rukayya kafin ta haihu, don haka makonni ban iya matsawa ba. Gwangwanin yana ƙarƙashin gado, ƙanshinsa yana tuna mini kullum. Takardar zamana kuma gajera ce. Da ta samu sauƙi ta roƙi Malam ya kai ni Matariyya a mota. Muka je. Ashe Matariyya ta fi Gusau mutane. Motar ta shigo da mu ta wani gefe da ban taɓa gani ba. Malam ya yi ta tambaya, Hajja Zainabu 'yar Sudan, matar kumsari. Wani ya kai mu gidan wata Zainabu mai sayar da turare, wani ya ce mu gwada bayan kasuwa. Masu ruwan rake kuwa a kowace kusurwa akwai. Muka dawo da magariba ba mu same ta ba.

Saura mako guda in tafi na ce wa Rukayya, da ƙarfin da zai ji daga falo, "Ki gaya wa Malam, ni ta dogo kawai na san gidan. In akwai inda ragowarsa ta rage, a kai ni can, in bi sawunsa da ƙafa kamar yadda Baba yake yi."

Daga falo ya ce, "Ki gaya wa Inna gobe ba ni da darasi." Daga baya na ji yana da shi.

Muka sauka a Masarul Jadida, inda ƙarfen yake kwance har lokacin, ciyawa da shara sun rufe shi. Muka bi shi har inda aka yanke. Daga nan sai sawu: kwaltar da aka zuba a gurbinsa ta fi ta gefe baƙi, a gefen titi kuma ga kututturen turakun da aka sare. Malam yana gaba da jakar, ni ina baya da tazara. Da rana ta yi sama ya sayi ruwan gora, ya ajiye a kan wata katanga, ya wuce gaba yana duban wani shago da ba abin da ake sayarwa a ciki sai tayoyi. Na sha na ƙoshi, sannan ya dawo hanya. Allah ya yi wa yaron nan albarka.

A wata mararraba sawun ya rabu biyu. Na ce dama ne, na tabbata. Muka yi ta tafiya har ƙafata ta kumbura, sai ga mu a bakin wata katuwar gada. Ba nan ba ne. Ranar haka muka koma.

Washegari muka dawo mararrabar. Malam ya shiga wani shagon shayi ya tambayi tsofaffin da suke zaune. Gardama ta kaure a tsakaninsu, kowa yana nuna nasa gefen, har wani mai sanda ya taso ya ja Malam da hannu ya ɗora mu a kan reshen hagu, yana ta surutu yana kwaikwayon ƙararrawa da bakinsa. Muka bi. Can na ga titi ya lanƙwasa kamar lauje. Ba jirgi, amma wallahi sai da na ji kukan ƙafafun a kunnena. Wurin mai ruwan rake ya zama shagon wayoyi. Bishiyar turaren tana nan, an sassare mata rassa. Ga lungu, ga ƙofa, koren ya kusa zama toka.

Wata mace mai kamar shekaruna ta buɗe. Da na ce "Hajja Zainabu" sai ta dube ni, ta dubi Malam, ta fara magana da sauri. Malam ya sunkuyar da kai yana fassara mini, ranar ce ya fara yi mini magana kai tsaye. Ya ce, "Inna, wannan ce Su'ad, ta dawo gidan tana jinyar uwar. Ta ce bara tsohuwar ta faɗi, ɓarin jikinta ya shanye. Tun da ta farfaɗo Larabci ya bar bakinta. Wani yare take yi da ba mai ji a gidan. Sun ɗauka ruɗewa ce."

Malam ya tsaya a bakin ƙofa, na shiga. Ta ƙanƙance a kan gado kamar yarinya. Na durƙusa ta gefen kunnen da yake ji, na ce, "Salamu alaikum, Hajja. Sannu da jiki."

Idonta ya buɗe. "Wa ke nan?"

"Habi ce, ta Ƙaura. Ta cikin jirgi."

Ba ta gane ni ba, ta zaci yayarta ce. Ta ce, "Yaya, sai yanzu? Ƙafata sanyi. Tun yaushe nake faɗa, ba mai ji."

Na jawo bargo na rufe ƙafafun, na riƙa murza su. Kamar ƙanƙara. Su'ad ta tambayi Malam me ta ce, ya faɗa mata. Ta zauna a ƙasa ta rufe fuska da mayafi. Ta ce wata da watanni uwar tana maimaita wannan maganar, ita kuma tana ba ta ruwa.

Hajja ta ce, "Jirgi ya wuce? Ban ji ƙaho ba."

Ba na son in yi wa tsohuwa ƙarya, ba na kuma son in gaya mata. Na ce, "Bai wuce ba, Hajja. Ni da ƙafa na zo."

Ta ce, "Kullum latti. Ki ɗora shayi dai."

Na shiga ɗan madafin Su'ad na buɗe gwangwani. Na kaɗa miyar kuka, na tuƙa tuwon garin masara mai laushi. Ƙanshin ya cika lungun, har maƙwabta suna leƙowa. Tun kafin in kawo kwanon na ji tana cewa, "Daddawa! Wa ya zo daga gida?" Na tallafe ta ina ba ta a baki. Loma kaɗan ta ci. Ta lumshe ido ta daɗe, sannan ta ce, "Ta Innarmu ta fi. Amma kin yi ƙoƙari."

Na yi dariya har hawaye ya zo, ban san na wanne ba ne.

Kafin mu tafi na zaunar da Su'ad na koya mata abin da ya samu: ruwa, sanyi, zafi, yunwa, sannu. Tana faɗa ina gyara mata, kamar yadda malamarmu ta yaƙi da jahilci take yi mana. Na bar mata sauran daddawar, na nuna mata yadda za ta daka. Wannan karon Malam ya karɓi lambar waya, da sunan layi, har da na shagon wayoyin.

Bayan na dawo Ƙaura, duk Juma'a bayan an sauko Su'ad takan kira ta kanga wa uwar waya a kunne. Ba wata hira ba ce. Ta kira ni Yaya, ta tambaye ni ko an yi ruwa, ko jirgi ya wuce. In ce an yi ruwa, gero ya yi kyau. In ta faɗi abin da yake damunta sai in kira Malam, shi kuma ya gaya wa Su'ad.

Wata Juma'a cikin damina wayar ta yi ƙara, na ɗauka na ce, "Hajja, ina wuni?" Ba ita ba ce. Sai muryar Su'ad. Ba ta da kalmar da za ta faɗa mini da ita, sai ta ɗauko cikin 'yan waɗanda na bar mata.

Ta ce, "Sannu. Sannu, Habi. Sannu."

Na ce, "Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Sannu, Su'ad. Sannunmu."

Muka riƙe wayar a kunne, ita a Matariyya ni a bayan tasha, har layin ya yanke da kansa.

To, matan ajinmu, abin da na gano a Masar ke nan. Wadda ta karanta ta kai nan, in ta idar da sallah ta sa Zainabu 'yar Haɗeja a addu'a, wadda ba ta taɓa ganin Haɗeja ba. Allah ya sanyaya mata makwanci, ya ɗumama mata ƙafafu.